Yadda Iri Ke Tsirowa: Abin Da Ke Faruwa Tsakanin Shuka Da Fitowar Tsiro

A Babban Birnin Tarayya, Abuja, ruwan damina kan sauka tun cikin watan Afrilu, manoman Kwali da Kuje da Abaji da Gwagwalada da Bwari su shiga shukar masara da gyaɗa. A Kano da Katsina da Sakkwato kuwa, sai an jira ƙarshen Mayu ko cikin Yuni. Ko'ina gonar take, makon farko bayan shuka shi ne mafi hatsari a rayuwar amfanin gona. Idan iri bai fito ba, kuɗin haya da na huɗa da na taki sun tafi a banza, kuma kwanakin damina da aka rasa ba sa dawowa. Wannan bayani ya duƙufa ne a kan abin da ke faruwa da ƙwayar iri a cikin ƙasa, da abubuwan da ke hana ta fitowa, da matakan da manomi zai iya ɗauka kafin ya ɗauki sungumi.

Mene ne a cikin ƙwayar iri?

Ƙwayar iri halitta ce mai rai, ko da yake a ido tana kama da busasshen abu. Tana da sassa uku. Na farko shi ne ɗan tayin tsiro, wanda tuni yake da 'yar saiwarsa da ɗan kan da zai zama kara da ganye. Na biyu shi ne guzurin abinci, wato sitaci da furotin da mai, wanda tsiron zai rayu a kansa kafin ya iya ciyar da kansa. Na uku shi ne ɓawo, wanda ke kare na ciki daga rauni da ƙwari da cututtuka.

Inda guzurin yake ya danganta da irin shukar. A masara da dawa da gero da shinkafa da alkama, guzurin shi ne farin garin da ya cika ƙwayar, ɗan tayin kuma yana manne a gefe guda, wurin da ake kira idon masara. A wake da gyaɗa da waken suya, guzurin yana cikin ɓari biyun nan da ƙwayar ke rabewa zuwa gare su idan an ɓare ta. Duk wanda ya raba ƙwayar gyaɗa biyu zai ga ɗan tayin a tsakani, da ƙananan ganyayensa a naɗe.

Busasshen iri yana numfashi, amma a hankali ƙwarai, domin ruwan da ke jikinsa kaɗan ne. Wannan ƙarancin ruwa shi ke ba shi damar zama watanni a rumbu ba tare da ya cinye guzurinsa ba.

Matakan tsirowa

Mataki na farko shi ne shan ruwa. Da zarar iri ya haɗu da ƙasa mai laima, sai ya fara tsotsar ruwa, ya kumbura, ɓawonsa ya yi laushi. Masara kan sha ruwan da ya kai kusan kashi 30 cikin 100 na nauyinta kafin ta motsa, waken suya kuma yana buƙatar kusan rabin nauyinsa. Abin lura shi ne mataccen iri ma yana kumbura idan ya jiƙa, saboda haka kumburi kaɗai ba shaidar rai ba ne.

Mataki na biyu ba a ganinsa da ido. Numfashin iri yana ƙaruwa, ɗan tayin ya saki wani sinadari mai suna jibarelin, wanda ke sa ƙwayar ta samar da sinadaran narkar da abinci. Mafi shahara a cikinsu shi ne amiles, mai mayar da sitaci ya koma sukari. Wannan sukari ne ɗan tayin ke amfani da shi wajen girma. Shi ya sa tsirarren hatsi ya fi busasshe zaƙi, kuma shi ya sa masu kunun zaƙi ke zuba niƙaƙƙen tsiron hatsi domin kunun ya tsinke ya yi daɗi. Kamfanonin abin sha na malt a Nijeriya ma da wannan hanya suke sarrafa dawa.

Mataki na uku shi ne fitowar saiwa. Ita ce ke fara huda ɓawo, ta nufi ƙasa ko ta wace fuska ƙwayar ta kwanta, domin tana bin nauyin jan ƙasa ne. A wurin masana, da fitowar saiwa tsirowa ta tabbata. Daga wannan lokaci kuma babu komawa baya: irin da bai fid da saiwa ba yana iya sake bushewa ya rayu, amma wanda ya fid da ita, idan ƙasa ta bushe, mutuwa zai yi.

Bayan saiwa sai kan tsiro ya nufi sama, kuma hanyar fitowarsa iri biyu ce. A masara da dawa da gero da shinkafa, ƙwayar tana zama a cikin ƙasa, kan tsiron ya fito a cikin wani kube mai tsini kamar allura, wanda ke huda ƙasa ya kare ganyen farko. A wake da waken suya da auduga, karan ne ke lanƙwashewa kamar ƙugiya, ya jawo ɓari biyun zuwa saman ƙasa, sannan ya miƙe. Saboda wannan nauyi da suke ja, wake da waken suya sun fi hatsi shan wahala idan an binne su da zurfi ko ƙasa ta yi tauri.

Idan laima da ɗumi sun wadata, gero da wake kan fito cikin kwana 3 zuwa 5, masara cikin kwana 4 zuwa 7, gyaɗa kuma takan kai mako guda ko fiye. Fitowa ba ita ce ƙarshen dogaro ga iri ba. Tsiron masara yana ci gaba da cin guzurin ƙwayarsa har sai ya yi ganye kamar uku. Sai a lokacin ne korayen ganyensa ke iya haɗa masa isasshen abinci daga hasken rana da ruwa da iska, saiwoyinsa kuma su fara jawo gishirin ƙasa yadda ya kamata.

Abubuwan da iri ke buƙata

Iri yana buƙatar abubuwa uku a lokaci guda: ruwa, da iska, da ɗumi daidai gwargwado. Taki ba ya cikinsu, domin guzurin ƙwayar ya ishe ta fitowa. Hasali ma, idan takin zamani, musamman yuriya, ya taɓa iri a cikin rami, yana iya ƙona shi. Shi ya sa malaman gona ke ba da shawarar a sa taki a gefe, da tazarar kamar santimita 5.

Ruwa ya kamata ya zama laima mai ɗorewa, ba yayyafin da zai jiƙa saman ƙasa ya bushe kashegari ba. Iska kuwa ana bukatarta ne saboda oksijin ɗin da iri ke numfashi da shi. Idan ruwa ya kwanta a gona, yakan kore iskar da ke tsakanin ƙwayoyin ƙasa, iri ya shaƙe ya ruɓe. Wannan ne dalilin yin kunya a ƙasa mai laka. Shinkafa ta fi sauran hatsi jure ƙarancin iska, amma ita ma manoman fadama sukan jiƙa ta kwana guda, su tsame ta su rufe da buhu kwana ɗaya ko biyu har ta fasa baki, sannan su yafa.

Kowace shuka tana da ɗumin da ya dace da ita. Masara ba ta motsi idan ɗumin ƙasa ya gaza digiri 10 a ma'aunin Selsiyos, kuma ta fi saurin fitowa tsakanin digiri 25 da 30. Gero ya fi ta jure zafi, abin da ya sa ya zama abincin yankin Sahel. Duk da haka, saman jigawa a Maraɗi ko arewacin Katsina yana iya wuce digiri 50 da tsakar rana a farkon damina, kuma irin wannan zafi yana kashe ɗanyen tsiro. Alkama kuwa sanyi take so, shi ya sa ake shuka ta a Kadawa da kwarin Haɗeja daga tsakiyar Nuwamba zuwa farkon Disamba, lokacin hunturu.

Yawancin amfanin gona ba su damu da haske ba wajen tsirowa. Amma ƙananan iri irin na latas da taba, da na ciyayi da dama, sun fi tsirowa idan haske ya same su. Wannan na cikin dalilan da ke sa ciyawa ta taso da yawa bayan an kifar da ƙasa.

Zurfin shuka yana haɗa waɗannan buƙatu wuri guda. Idan rami bai yi zurfi ba, iri zai bushe, ko tsuntsaye da ɓeraye da kurege su tone shi. Idan ya yi zurfi da yawa, guzurin zai ƙare kafin tsiron ya ga rana. Gero, mai ƙananan ƙwayoyi, santimita 2 zuwa 3 sun ishe shi. Masara da dawa da wake da gyaɗa kan so santimita 3 zuwa 5. Tumatir da barkono da albasa kuma a bedi ake rainonsu, a rufe su da 'yar ƙasa kaɗan, daga baya a yi dashe.

Barcin iri

Akwai irin da ke da rai, ya sami ruwa da iska da ɗumi, amma ya ƙi tsirowa. Masana suna kiran wannan barcin iri. Hikimarsa ita ce kada 'ya'yan shuka su tsira duka a ruwa guda, fari ya zo ya share su.

Wani barcin daga taurin ɓawo yake, wanda ke hana ruwa shiga. Haka 'ya'yan kuka da gawo da bagaruwa da tsamiya da ɗorawa suke. A daji, ɓawon yakan lalace ne a hankali, ko kuma idan dabba ta ci 'ya'yan sun bi ta cikinta. Wannan ya sa ake yawan ganin gawo yana fitowa a inda shanu da awaki suka yi makwanci. A wuraren rainon itatuwa, ana kankare gefen ɓawon da wuƙa ko a goga shi a dutse, ko a zuba wa irin ruwan zafi a bar shi ya kwana a ciki yana hucewa.

Wani barcin kuma daga cikin ƙwayar yake, inda wani sinadari mai suna absisik ke danne ɗan tayin har sai ƙarfinsa ya ragu. Wasu nau'o'in shinkafa da gyaɗa ba sa tsirowa sosai sai sun yi makonni bayan girbi. Rashin wannan barci ma yana da illa: gyaɗar da ba ta da shi tana iya tsirowa a cikin ƙasa idan ruwa ya ci gaba bayan ta nuna.

Babu misalin da ya fi wuta-wuta, wadda wasu ke kira ƙuduji, nuna ƙarfin barcin iri. 'Ya'yanta ƙanana ne kamar ƙura, kuma suna iya zama a ƙasa fiye da shekara 10. Ba sa tsirowa sai sun ji wani sinadari da saiwar dawa ko gero ko masara ke fitarwa, sannan su manne wa saiwar su riƙa tsotsarta. A 1966 ne masana suka fara gano irin wannan sinadari a saiwar auduga. Auduga da waken suya suna sa 'ya'yan wuta-wutar hatsi su tsira, amma ba sa ba su wurin kamawa, sai su mutu. A kan haka ne ake ba da shawarar juya shuka tsakanin hatsi da waɗannan amfanin gona.

Ruwan farko da binne

A yankunan gero, wasu manoma sukan yi binne, wato su shuka a busasshiyar ƙasa kafin ruwa ya sauka, domin iri ya ci moriyar ruwan farko. Idan ruwan ya zo da ƙarfi ya kuma ɗore, mai binne ya riga kowa. Idan kuwa yayyafi ne ya tayar da irin sannan aka yi makonni babu ruwa, sai an sake shuka.

Ma'aunin da masana yanayin noma suka daɗe suna amfani da shi a yankin Sahel shi ne, damina ta kama idan an sami ruwa milimita 20 cikin kwana 3 a jere, kuma ba a yi fiye da kwana 7 babu ruwa ba a cikin kwana 30 da suka biyo baya. Tun da manomi ba zai ga kwanakin da ke gaba ba, hasashen da Hukumar Kula da Yanayi ta Ƙasa, NiMet, ke fitarwa a farkon kowace shekara yana da amfani, domin yana nuna lokacin da ake sa ran saukar damina da tsawonta a kowace jiha. A gona kuwa, a tona ƙasa da hannu a ga ko laima ta wuce zurfin da za a sa iri.

Gwajin iri kafin shuka

A ɗakunan gwaji ana bin ƙa'idojin Ƙungiyar Gwajin Iri ta Duniya, ISTA, wadda aka kafa a 1924. Ana ɗaukar ƙwaya 400, a raba su gida huɗu, a shimfiɗa a jiƙaƙƙiyar takarda ko yashi. Ana ƙirgar ƙarshe ta masara da gero a kwana na 7, ta wake a kwana na 8, ta dawa da gyaɗa a kwana na 10, ta shinkafa kuma a kwana na 14.

Manomi yana iya yin irin wannan a gida makonni biyu kafin shuka. Ya ɗebi ƙwaya 100 daga sama da tsakiya da ƙasan buhu, ba tare da zaɓen masu kyau ba. Ya jera su a jiƙaƙƙen buhun algarara ko tsumma mai tsabta, ya naɗe, ya ajiye a inuwa, yana yayyafa ruwa kullum. Idan kwanakin sun cika, ya ƙirga waɗanda suka fid da lafiyayyiyar saiwa da kai. Adadinsu shi ne kason tsirowar irin.

Lissafi yana nuna muhimmancin gwajin. Masarar da aka shuka da tazarar santimita 75 tsakanin kunya da santimita 25 tsakanin rami, ƙwaya ɗaya a kowane rami, tana da ramuka kusan 53,300 a hekta guda. Idan kashi 90 cikin 100 suka fito, an sami tushe kusan 48,000. Idan kashi 60 ne, tushen ba zai wuce 32,000 ba. Giɓin tushe 16,000 ke nan a gonar da aka kashe wa kuɗin huɗa da taki iri ɗaya. Irin da ya kai kashi 80 ko fiye ana iya shuka shi yadda aka saba. Wanda ya gaza kaɗan sai a ƙara yawansa. Wanda ya faɗi ƙasa sosai kuwa gara a canza shi, domin 'yan da suka fito ma sukan zama raunana.

Ajiyar iri

Laima da zafi su ne manyan masu rage wa iri rai. Ƙa'idar da masana ajiyar iri ke bi ita ce, rage ruwan jikin iri da kashi 1 cikin 100, ko rage zafin ma'aji da digiri 5, yana ninka tsawon rayuwarsa. Saboda haka a busar da iri sosai, a sa shi a mazubin da iska ba ta shiga, a ɗaga shi daga ƙasa, a nisanta shi da rufin kwano. Gyaɗa ta fi daɗewa a cikin kwansonta, sai dab da shuka a ɓare ta da hannu. Waken suya da albasa suna saurin mutuwa, ba a cika dogara da na shekarar da ta wuce ba sai an gwada.

Wasu iri kuma bushewa ce ke kashe su. Ƙwallon mangwaro da na kaɗanya da goro da koko ana shuka su ne da ɗanyensu, ba da daɗewa ba bayan an cire su daga 'ya'yan itacen.

Idan sharuɗɗa sun cika, iri yana daɗewa fiye da zato. A 2005 aka tsirar da ƙwallon dabino mai kusan shekara 2,000 da aka tono a kangon Masada, kusa da Tekun Gishiri. A rumbun iri na duniya da aka buɗe a 2008 a tsibirin Svalbard na ƙasar Norway, ana ajiye iri a sanyin digiri 18 ƙasa da sifiri, kuma cibiyar IITA ta Ibadan tana cikin waɗanda suka kai nasu. A gida Nijeriya, cibiyar NACGRAB da ke Ibadan ce ke riƙe da rumbun irin ƙasa.

Ingantaccen iri da doka

Sabbin nau'o'in iri suna fitowa ne daga cibiyoyin bincike. Cibiyar Binciken Aikin Gona ta Samaru, a Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya, ita ke fitar da masarar SAMMAZ da dawar SAMSORG da waken SAMPEA da gyaɗar SAMNUT. Cibiyar binciken hatsi ta Badeggi a Jihar Neja tana kula da shinkafar FARO, ta Tafkin Chadi da ke Maiduguri kuma tana kula da gero da alkama.

Hukumar Kula da Irin Shuka ta Ƙasa, NASC, wadda ke da ɗakin gwajinta a Sheda, cikin Ƙaramar Hukumar Kwali a kan hanyar Abuja zuwa Lokoja, ita ce ke duba gonakin iri, ta gwada tsabta da laima da kason tsirowa, sannan ta ba da shaida. Dokar da Shugaba Muhammadu Buhari ya sanya wa hannu a 2019 ta ƙarfafa ikon hukumar, ta kuma tanadi tara ko ɗauri ga masu sayar da jabun iri. Irin da aka tantance domin manoma yana ɗauke da shuɗin kati. Hukumar ta kuma ɓullo da tsarin Seedcodex, inda mai saye ke kankare wani wuri a jikin ƙunshin, ya tura lambar da ya gani ta waya, a tabbatar masa ko irin na gaskiya ne.

Akwai abubuwa biyu da ya kamata mai sayen iri ya kiyaye. Na farko, iri mai aure yana tsirowa idan an sake shuka 'ya'yansa, amma amfaninsa yakan ragu kuma gonar ba ta fitowa bai ɗaya, don haka ana sayen sabo kowace shekara. Na biyu, irin da aka shafa wa magani, wanda akan rina ja ko kore, guba ne ga mutum da dabba. A Iraƙi, tsakanin 1971 da 1972, fiye da mutum 400 suka mutu bayan cin burodin da aka yi da alkamar shuka mai magani. Ragowar irin da aka shafa wa magani ba ya shiga tukunya, ba a ba kaji, kuma a ajiye shi nesa da yara.

Bayan shuka, kwana na 5 zuwa na 10 shi ne lokacin zagaya gona. Inda aka ga giɓi, a tona ramin. Idan ƙwayar tana nan a bushe, laima ce ta gaza. Idan ta ruɓe, ruwa ya yi yawa ko irin matacce ne. Idan babu ita, tsuntsu ko ɓera ya riga manomi. Idan kuma ta tsira amma ta lanƙwashe a ƙasa, zurfi ya yi yawa ko saman ƙasa ya daskare bayan ruwa mai ƙarfi. A cike giɓin cikin makon farko bayan fitowa, domin tsiron da ya makara sosai yakan tashi ne a inuwar na kusa da shi, ba ya yin abin kirki.